Kada Tsinke Ta Bi Duna

Da sunan Allah mai rahama mai jin ƙai.

Zuwa ga ɗana Murtala, a lambun bakin gulbi, Bungudu.

Sallama da gaisuwa gare ka da iyalinka. Ina roƙon Allah ya sa kun sauka lafiya, ya tsare ku daga sharrin hanya da na daji da na mutum, ya sa ƙaurar nan ta zame muku alheri. Uwarka tana gaishe ku. Gaisuwa ta ƙare nan, don ba ita ta sa na zaunar da Malam Iliya tela na hana shi ɗinkinsa ba. Shi ke riƙe da biro, ni ke magana, kuma na gaya masa duk kalmar da ya sassauta mini, shi da Allah.

Na kira ka a waya, ka yi ta ce mini "to Baba, to Baba." Na san wannan to ɗin. Tun kana yawo ba wando kake yi mini ita, kana faɗa kana kallon wani wuri. Shi ya sa na ce a rubuta. Takarda ba a kashe ta a ce wai sabis ne ya ɗauke. Kuma kafin ka wuce wannan layi, kira matarka ta zauna, ka karanta da ƙarfi tun daga sama har ƙasa. Kada ka tsallake inda na zage ka. Rabin maganar tata ce, kuma ka san ni ba zan iya tsayawa gaban surukata in faɗa mata da bakina ba.

Maganar Tsinke ce, karyar da na ba ka ka tafi da ita gadin lambu.

Ka bar 'Yandoto da ita tana ɗingishi, tun bugun da babur ya yi mata a ƙafar baya, ga kuma ƙaiƙayin nan nata na damina ya tashi, cikinta ya yi ja, tana cizon tafin ƙafa kamar za ta cinye shi. Na ce maka kana sauke kaya ka kai ta wurin likitan dabbobi a Gusau. Ka ce to. Washegari na shiga kasuwar Tsafe, mai kemis yana hango ni ya ɗaga murya, "Baba, yaya ƙafar mutuniyar? Ai Murtala ya zo, na yi mata haɗi mai kyau, na ciwo kala uku." Yana faɗa yana murna, kamar ya yi mini kyauta. Ban san lokacin da na buga sandata a kan teburinsa ba.

Na dawo gida ina huci, na zayyana wa uwarka. Maimakon ta taya ni faɗa, sai ta juya baya ta kama motsa miyar da ta riga ta sauke. Na ce, "Ke, juyo." Ta ce, "Malam, ai ba wani abu ba ne." Na ce, "Mene ne ba wani abu ba?" Ashe da ana ɗora kaya ta ja matarka gefe, ta ƙulle mata ƙananan fararen ƙwayoyi a bakin zane, irin waɗanda 'yan mata ke sha don su yi ƙiba, ta ce mata suna kwantar da ƙaiƙayi, ta riƙa tura wa karyar a ƙanzo, kada ta gaya wa kowa. Wai guda ɗaya-ɗaya ba ta kisa, wai ai wancan karon yawa ne aka yi.

Ka ji? Kai kana da maganin ciwo a aljihu, matarka tana da na ƙaiƙayi a bakin zane, kana ɓoye mata, tana ɓoye maka, karya ɗaya a tsakaninku. Ainihin abin da ya kashe Duna, uban Tsinke, ke nan, ba ragi ba ƙari. Kai kana wurin, da idonka ka gani, amma ka mai da shi tatsuniya. Matarka kuwa bayan nan aka kawo ta gidan, ba ta sani ba, kuma ba wanda ya gaya mata, don a gidanmu an fi son a binne magana da a faɗe ta. To yau za ta ji.

Bari in fara da asali, don ta san abin da ke kwance a ƙofar ɗakinta ba karen bola ba ne. Ina saurayi, wata saniyar Arɗo Jaɓɓi ta kafe a laka a fadamar Ruwan Bore, na shiga har wuya muka fito da ita. Bai ce mini na gode ba, ka san halinsu. Bayan kaka sai ga shi a ƙofar gidanmu da 'yar kwikwiya a cikin hula. Na sa mata suna Barsu, saboda surutun da mutane suka yi ta yi a kan ɗan malamai da kare. Barsu ta haifi Gwanki. Gwanki ta haifi Ja, wadda ta hana birai sakat a gonar dutse har ta tsufa. Daga Ja aka sami Mai-wuya, daga jikokin Mai-wuya aka sami Duna, Duna ya bar Tsinke, ita kaɗai ta rayu a cikin 'yan'uwanta, siririya kamar ba za ta kwana ba. Ba ɗaya a cikinsu da ya taɓa cin kazar maƙwabci, ba ɗaya da ya taɓa yin haushin banza. In sun yi haushi, tashi ka duba. A wannan zamani da muka bar gonakin nesa saboda abin da kowa ya sani, ba sai na gaya maka darajar kare irin wannan ba. Bayan Tsinke babu saura. In ta tafi, jinin Barsu ya ƙare a hannunka.

Malam Iliya yana dariya, wai na san kakannin kare fiye da nawa. Na ce masa nawa ma na sani, nasa ne ake shakka. Rubuta.

Ni ma na yi ɓarna a kan karnukan nan, duk garin an sani, ba wani asiri ba ne. Ɗan Gwanki na fari ya yi ƙazuwa, wani direban tirela ya ce mini a shafa masa baƙin man inji. Na shafe shi tas, har kunne. Ya yi ta lasa, fatar ta sale, ya kwanta bai tashi ba. Abin da na koya a nan, duk wanda ya ce maka "ai mu haka muke yi," tambaye shi ina karen da aka yi wa. In bai nuna maka shi a tsaye ba, tashi ka ba shi wuri. Mai kemis ɗinka bai taɓa riƙe kare ba, ko kusa da shi ba ya yarda ya je. Haɗin da ya yi maka, shi yake yi wa mai faskare da mai turin baro.

Yanzu Duna. Damina ce, ƙaiƙayi ya tashi masa irin na 'yarsa, sannan wani sa ya shure shi a cinya ta kumbura. Ina da wasu jajayen ƙwayoyi na ciwon bayana, waɗanda suka tashe ni daga kwance. Na ce abin da ya iya da bayan tsoho ai cinyar kare wasa ce. Kullum in zan fita gona sai in murƙushe ɗaya a sauran fura in zuba masa a bayan rumbu, in waiga hagu da dama kamar ɓarawo. Me nake ɓoyewa? Kada a ce dattijo mai tsayawa sahun gaba yana jinyar kare. Ashe uwarka tana tura masa fararen nan nata a ƙanzo, tana yi kamar shara take zubarwa. Ashe kai ma kana ba shi na mura da ciwon jiki a cikin ƙuli-ƙuli. Mu uku a gida ɗaya, muna cin abinci a inuwa ɗaya, kowa in an ambaci Duna sai ya taɓe baki ya ce, "Wannan ƙazamin."

Da farko har na yi alfahari. Susa ta tsaya, ya fara taka ƙafar, na ce a raina maganina ya ci. Sannan ya ƙi abinci. Sannan na ga kashinsa a bayan danga, baƙi ƙirin, yana ƙyalli kamar kwalta. Na ce wani mushe ya ci, na ƙara masa jar ƙwaya. Ka ji wauta? Kare yana zubar da jini ta ciki, ni ina ƙara masa abin da ke huda shi.

Ranar da ya yi aman jini kai ka ce mu tafi Gusau. Wannan na ba ka, kai ka faɗa. Ni na ƙi. Na ce ba zan tsaya a tasha da kare a hannu yaran mota su yi mini ihu ba. Muka ƙara kwana. Sai da ya kasa ɗaga kai sannan muka sa shi a buhu, kansa a waje, ka tuƙa babur ina baya ina rungume da shi. Kuma ihun da nake gudu sai da aka yi shi. A bakin kasuwa wani ya ce, "Baba, Sallah ta zo ne? Wannan ragon naka kunnensa tsaye!" Aka kwashe da dariya. Ban mutu ba. Ka lura da wannan, dariyar ba ta kashe ni ba, jinkirin da na yi don gudun ta shi ya kashe Duna.

Likitar mace ce, ba ta kai rabin shekarun uwarka ba. Ta ɗaga leɓensa, dasashin fari fat kamar auduga. Ta ce, "Baba, me aka ba shi?" Na fito da ledata da ƙarfin hali na ce, "Wannan, kuma magani ne na gaske, ni shaida ne." Ta dafe kai. Ta ce, "Baba, naka ne ai, ba nasa ba. Irin wannan yana cin cikin kare da ƙodarsa, ko guda ɗaya ce. Sai me?" Na ce, "Shi ke nan." Sai na ji ka yi gyaran murya a bayana, kana kallon takalminka, ka ce, "Ni ma na ba shi." Na juyo na kalle ka, ka kalle ni, kamar ɓarayi biyu sun haɗu a rumbu ɗaya. Ta karanta takardar naka, ta ce a cikin ƙwaya ɗaya ta mura akwai magani kala-kala a dunƙule, har da wani na ciwo, don haka ciwo ɗaya muka yi ta ninka wa magani. Sannan ta tambaya, "Ba wanda ya ba shi ƙwayar nan mai sa ƙiba saboda susa? Don in ta haɗu da ta ciwo, tare suke huda ciki." Na rantse mata babu. Na ce gidana ne, ba abin da ke motsi ban sani ba.

Ta sa masa ruwa, ta yi abin da za ta iya. Bai kai la'asar ba. Muka dawo da shi a buhun da muka kai shi, muka haƙa masa rami a gindin ɗorawar gonar gida. Uwarka ta gan mu da fartanya, ta shiga ɗaki ta fito da takardar fararen ƙwayoyi, rabi ba komai, ta ajiye a gabana ta fashe da kuka. Matar da shekara da shekaru take cewa a fitar mata da ƙazanta daga gida. Yanzu kuma ita ce ta sake ƙulla wa surukarta. Na yi mata faɗan da ban taɓa yi mata ba, ta ce tausayi ne. Na ce na sani, tausayin ne ai ya haƙa ramin ɗorawa.

Kada ka ɗauka na zama ɗan boko. Har gobe ban yarda da rabin abin da mutanen asibiti ke faɗa ba. Na yi musu da likitar a kan wankan ganyen sabara, na ce kakanninmu da shi suka yi, kuma ba zan bari ba. Ta ce, "Baba, ban hana ka ba, amma ko ganye ne ka gaya mini, in san abin da nake ɗorawa a kansa." A nan ta kama ni, don gaskiya ce. Kuma na tambaye ta, to kare mai susa da ciwo lokaci guda, sai a zuba masa ido? Ta ce a'a. Akwai maganin ciwo da aka yi don kare, akwai na ƙaiƙayi mai sauƙi wanda ke tafiya tare da shi ba faɗa, amma ita za ta zaɓa, bayan ta ɗora karen a sikeli, don nauyinsa ke faɗin yawan maganin, ba idon mai shi ba. Ta ce fararen nan masu sa ƙiba su ma suna da ranarsu, likita kan ba da su in susa ta yi tsanani, amma ba sa zama ciki ɗaya da maganin ciwo irin na kumburi, kuma in za a bar ɗaya a koma ɗaya sai an ba ciki hutu a tsakani, ita za ta faɗi tsawonsa. Ban iya karatun boko ba, amma abin da na ji a kan gawar Duna ba ya fita kaina.

Saboda haka ga abin da za ka yi, kuma ba shawara nake ba ka ba. Kana gama karantawa, fito da ledar haɗin nan ka ajiye a tabarma. Matarka ta kwance bakin zanenta ta ajiye nata. Kowa ya faɗi gaskiyar abin da ya riga ya ba ta da ranar da ya fara, ba zagi, ba "ai ke ce." Daga nan ko rabin ƙwaya kada a ƙara mata. Ka ɗauki ledojin biyu da karyar ka tafi Gusau, Bungudu ba nisa, ba ka da hujjar da nake da ita ma, balle ni tawa ta banza ce. Kada ka jefar da takardun maganin don kunya, su likita zai karanta. In ka riga ka ga baƙin kashi, ko amai, ko ta ƙi abinci, ko ka ɗaga leɓenta ka ga fari, bar ban-ruwan, bar mai lambun ya yi fushi, hau babur a lokacin. Tumatir ana sake shuka shi.

In likita ya ba da na ƙaiƙayi, zai iya sa ta barci. Na san ka, za ka ce karen gadi yana barci, ka nemi abin da zai wartsakar da ita a wurin 'yan tasha. In ka yi haka ban yafe ba. Kai ka yi gadin har ta warke, ai ita ta yi maka shekaru. In kuma ka ga maganin bai ci ba a kwana na farko, ba ninkawa ake yi ba, komawa ake yi a faɗa. Kuma ka share inda take kwana, ka ɗaga ta daga jiƙaƙƙiyar ciyawa, ka duba ƙuma da kaska, don ba duk susa ce ke son ƙwaya ba.

Maganar kunya kuwa, na je na sami liman da kaina bayan abin Duna, na tambaye shi a gaban mutane don kowa ya ji. Ya ce karen gona da na kiwo da na farauta ba laifi a ajiye shi, kuma dabbar da ka ɗaure a ƙofarka haƙƙinta na wuyanka, ci da sha da magani. Ka taɓa ta, ka wanke hannu, ka yi alwalarka. Ruwa bai ƙare a gulbin Bungudu ba.

Saura abu ɗaya, shi ne babba. Magani hannu ɗaya ke ba da shi. Ba biyu ba, ɗaya, kuma a fili, kowa na gani. Kuma ba hannunka ba ne, Murtala. Kai ka ga ramin ɗorawa da idonka, ka je ka sayi haɗi. Na karɓe wannan daga gare ka.

Malam Iliya ya ɗaga biro, wai abin da zan faɗa yanzu ba a yi, suruki ba ya kiran sunan matar ɗansa. Na ce masa abin da ba a yi ɗin ne ya cinye mini kare. Rubuta.

Hauwa'u, ɗiyar mutanen Magami, da ke nake. Tun da aka kawo ki gidan nan ban taɓa ce miki fiye da "lafiya lau" ba, amma ina da ido. Na gan ki kina tura wa Tsinke kwano da ƙafa, kina kallon sama kamar ba ke ba. Na gan ki kina cire mata kaska da tsinken tsintsiya a bayan ɗaki, da kika ji tarina kika tashi kina kore ta da "tafi can." Ita ma ta sani, shi ya sa ba ta kwana ƙofar kowa sai taki. Ba ki yi laifi ba da kika karɓi ƙullin uwar mijinki, ba a ce wa babba a'a, laifin namu ne da muka ɓoye miki labari. Daga yau abin da likita ya rubuta, ke za ki riƙe, ke za ki ba ta, da hannunki, a tsakar gida, da rana. Duk wanda ya zo da wata ƙwaya, miji ne, maƙwabciya ce, ko uwar mijinki ce ta aiko, ko ni da kaina na rikice na aiko, ki ce Baba ya hana. Jinin Barsu yana hannunki.

Ina jiran amsa ta bakin direban da ya kawo wannan takarda, kuma ba "to" nake so ba, abin da likita ya ce nake so. In ya dawo hannu banza, zan hau mota in zo da kaina, in ɗauki Tsinke a kafaɗa ba buhu, in ratsa tsakiyar kasuwar Bungudu da ita, duk wanda ya tambaya in ce ni ne uban Murtala mai gadin lambu.

Allah ya tsare ku dare da rana, ya kau da mugun ido da mugun ƙarfe daga inda kuke, ya sa albarka a ruwan da kuke bayarwa da abin da zai tsiro. Allah ya ba Tsinke lafiya, ya nuna mini 'ya'yanta kafin in kwanta. In ta haihu, macen farko tawa ce, na riga na gyara mata wuri a bayan rumbu.

Ni ne ubanka,
Mamman na 'Yandoto, da hannun Malam Iliya tela.